Wane suna za mu ba "sinimatogirafa" da Hausa?

Mai tace fim (edita), Ƙofar Ƙaura: Jama'a, a jerin sunayen ƙarshen fim "mai ɗaukar hoto" ake rubutawa. To ai mai hoton fasfo ma sunanshi ke nan. Wanda ƴan lokeshan ke kira Di-O-Pi fa, wato sinimatogirafa, shugaban ɓangaren ɗaukar hoto a fim, me za mu ce mashi?

Mai fitila, Daura: Yallaɓai, a fara raba shi da mai riƙon kyamara. A babban shiri yana iya wuni bai taɓa ta ba. Shi ke zaɓen gilashin kyamara: mai milimita 24 in ana son faɗin fili irin na Hawan Magajiya, mai 85 in fuska ake so bayanta ya dushe. Shi ke auna launin haske kuma, da ma'aunin da ake kira Kelbin. Rana na kusan Kelbin 5600, fitilar tangistin, mai haske ja-ja, 3200. In suka haɗu a zaure ba a daidaita ba, rabin fuska ja, rabi shuɗi. Ni "sarkin haske" na zaɓa.

Malama mai koyar da Hausa: Ƙanena, a ƙasar Daura ka raba sarauta ba rawani? Kuma haske rabin aikin ne, ina ka bar jeren hoto da motsin kyamara?

Tsohon mai kyamara, Katsina: Malama ta yi gaskiya, masu fitila ma suna da nasu shugaba, kuma ƙarƙashin wannan mutum yake. Ku dubi matakalar sana'ar. Yaro na farawa da dakon ƙafar kyamara da cajin batir, ya hau murɗa fokas don hoto ya fito sarai, ya zama mai riƙo, sannan a ba shi ragama. Ko wanda ya fito Makarantar Fim ta Jos sai ya taka ta. Abin da yake koyo a hanya yanke shawara ne. Wutarmu na bugawa sau 50 a daƙiƙa, don haka ake ɗaukar hoto 25 a daƙiƙa, a sa shata, wato marfin da ke buɗe wa haske, a 1/50 na daƙiƙa. Ka bar ta a 1/60, wasu ƙwayayen lantarki su yi ta ƙyaftawa a hoton. Ko baƙin mutum cikin farar babbar riga da azahar: ka bi rigar fuska ta nutse, ka bi fuska zubin aska takwas ya ƙone fari fat. Sai a sa baƙin gilashi a bakin kyamara, a maido haske fuska da farin allo, ko a jira la'asar. Mai wannan hukunci darakta ne, "daraktan hoto".

Malama: Baba, ƴan kallo za su ce daraktoci biyu ne. Tunda muna da "mai ba da umarni" da "mai shiryawa", a sa "mai tsara hoto" ya zauna kusa da su.

Mai fitila: Kar dai a ɗauka mai zanen fosta ne.

Malama: To "mai tsara ɗauka".

Mai tace fim: Wannan ta zauna a baki. Zan rubuta "Tsara ɗauka" a sama, "Riƙon kyamara" a ƙasanshi.

Tsohon mai kyamara: In mutum guda ya yi duka biyun, kamar yadda aka saba a ƙananan shirye-shiryenmu, ka rubuta sunanshi sau biyu.