Non: ita ta ja wa kanta, ko rufe mata ƙofa aka yi?

Malam Habu: Ni dai har gobe ina kan bakana, 'yar wasan Japan ɗin nan Rena Nonen, wadda yanzu ake kira Non, ita ta ɓata rawarta da tsalle. A 2013, tana da shekara 19, tashar talabijin ta ƙasa NHK ta ɗora ta a kan Amachan, wasan da ake nunawa da safe, ta fito a yarinyar da ta bar Tokyo ta koma garin kakarta a Iwate tana koyon nutso a teku. Kowa a Japan ya san fuskarta. Kamfanin LesPros ne ya raine ta tun tana tallan tufafi a mujallar 'yan mata. Sai ga labari a 2015 wai ta buɗe nata kamfanin ba da saninsu ba. Wanda ya ci ladan kuturu ai dole ya yi masa aski.

Hajiya Bilki: Haba Malam, askin har da suna? Rena Nonen fa sunan da iyayenta suka raɗa mata ne. Da kwantiraginta ya ƙare a 2016, rahotanni suka ce an sanar da ita sai da izinin kamfanin za ta yi aiki da shi. Shi ya sa ta koma Non. A raba mutum da sunan yankansa, wallahi wannan abin ya tsaya min a rai.

Malam Habu: Hajiya, a yi adalci. Mujallar Shukan Bunshun ta rubuta cewa kamfanin na ƙuntata mata, kamfanin ya kai ƙara, kuma a 2019 kotu a Tokyo ta ba kamfanin gaskiya kan ɓata suna.

Hajiya Bilki: Mujalla aka hukunta kan abin da ta rubuta. Ba a ce yarinyar ta yi laifi ba.

Auwalu: Malam, da izininka. Ni abin da nake dubawa shi ne 2016 ɗin. Ita ta yi muryar Suzu a fim ɗin zane na Sunao Katabuchi, In This Corner of the World, labarin amaryar da aka kai Kure kusa da Hiroshima lokacin yaƙi. Jama'a suka yi karo-karo aka fara fim ɗin, ya ci kyautar fim ɗin zane na shekara. Masu kallo na sonta, 'yan talla na ɗaukarta, amma manyan tashoshin kasuwanci sun yi shiru da ita a wasanninsu. In gwaninta ce ta ƙare, me ya sa sinima ba ta guje ta ba?

Malam Habu: Ka kawo shaidar cewa wani ya ba da umarni.

Auwalu: A kanta ba ni da takarda. Amma a 2019 hukumar kula da gasar kasuwanci ta Japan ta ja kunnen babban kamfanin taurari Johnny & Associates kan zargin matsa wa tashoshi lamba kada su gayyaci tsofaffin 'yan ƙungiyar mawaƙa ta SMAP uku da suka bar kamfanin. Tashar da ke buƙatar taurarin babban kamfani ba sai an buga mata waya ba, da kanta take kauce wa rigima.

Hajiya Bilki: Kuma ba ta zauna jiran su ba. Ta rubuta fim ɗin Ribbon, ta ba da umarni, ta fito a ciki a 2022. Sai a 2025 tashar kasuwanci ta TBS ta saka ta a wasan Caster, bayan fiye da shekara 10 ba ta fito a wasannin manyan tashoshin ba. Malam, yarinyar ce ta canja a wannan tsakanin, ko tashoshin?

Malam Habu: Tashoshin ne, wannan na yarda. Amma maganar buɗe kamfani a ɓoye har yanzu ba wanda ya amsa min.