An sallami abokan shari'arsa shi kuma har yanzu ana jansa a kotu

Salam jama'a, don Allah lauyoyin cikinmu ku taimaka min da shawara. Ƙanena ne aka gurfanar da su su huɗu kan haɗa baki da sata a shagon da suke aiki, ana cikin shari'ar ya kwanta asibiti sai alƙali ya ware tasa ya ci gaba da ta sauran ukun. Shaidu suka zo kowa da nasa labarin, mai shagon ma ya kasa nuna rasit ɗin kayan, kotu ta wanke su ta sallame su.

To shi fa? Shaidun nan dai su ne, hujjar ita ce, amma duk zama sai mai gabatar da ƙara ya ce shaida bai zo ba a ɗage, mu kuma kuɗin mota da na lauya sun cinye mu, Hajiyarmu ko barci ba ta yi.

Lauyanmu ya ce ba zai iya neman a kori ƙarar don rashin hujja ba sai masu ƙara sun gama kawo shaidunsu. Ya ce ko mu rubuta wa Antoni Janar na jiha ya janye, sashe na 211 na tsarin mulkin 1999 ya ba shi wannan ikon, sai dai janyewa ba wankewa ba ce, ana iya sake kama shi.

Abin da ya ɗaure min kai, mutum ɗaya zai haɗa baki da wa tunda an wanke sauran? Hukuncinsu zai yi masa amfani ko sai an faro daga farko? Wanne ya fi, takardar Antoni Janar ko mu daure a ƙarasa?