Hob, boris ko cibiya? Neman sunan ƙarfen da taya ke ɗaure a jikinsa

Jama'a, assalamu alaikum. Wata 'yar kalma ce ta ci mini kuɗi har sau biyu, shi ya sa na kawo ta gabanku mu yanke mata hukunci. Ita ce wadda Bature ke rubutawa hub, makanikanmu kuma suke cewa hob. Zaren zai ɗan yi tsawo, a yi haƙuri da ni.

Bari in fara nuna abin, kada mu yi ta musu a kan ƙarfen da wasunmu ba su taɓa gani ba. In ka kwance notuna ka cire taya, ka janye birki da faifansa, abin da zai rage yana kallonka shi ne wani ƙarfe mai faɗin fuska, da kusoshi huɗu ko biyar a tsaitsaye a jikinsa. A kan kusoshin nan taya take zama. Ta baya yana da wuya, wuyan ne ke shiga cikin boris. To wannan shi ne hob. Tare da taya yake juyawa, a ƙafar gaba kuma ta tsakiyarsa shaf ke ratsawa ya kawo ƙarfin inji.

Motata Corolla ce ƙirar 2005. Wata rana a hanyar Zariya ta fara wani gurnani, guuu, kamar jirgin sama yana wucewa can nesa. In na ƙara gudu ya ƙaru, in na rage ya lafa. Na kai gareji, aka ce boris ɗin ƙafar gaba ne na dama, aka canza. Ba a yi wata uku ba gurnani ya dawo. Aka ce ai jabu aka sayar mana, aka sake sayo wani. Shi ma bai kai ko'ina ba.

A karo na uku na kai wa wani dattijon bakanike. Bai ce komai ba sai da ya zare hob ɗin ya goge shi da tsumma, ya ce, "Alhaji, kawo farcenka." Na goga farce a wuyan ƙarfen, sai na ji ya sarƙe da wani ɗan tudu. Inda boris ke zama ya suɗe, yana sheƙi kamar an wanke shi da toka. Ya ɗauko tsohon zoben boris ya zura, sai ga shi ya shige da hannu kawai, alhali wuri ne da sai an danna da injin matsa yake shiga. Ya ce, "Ko boris ɗin kamfani ka sa a nan, rawa zai yi ta yi har ya mutu. Hob ɗinka ne ya cinye."

Abin da ya tsaya mini a rai shi ne, tun a gyaran farko na tambayi wancan bakaniken ko hob ɗin lafiya yake, ya ce da ni, "Oga, ai hob da boris duk abu ɗaya ne."

Kuma ba zan ce ƙarya ya yi gaba ɗaya ba. A ƙafar baya ta wannan Corolla ɗin, hob da boris a dunƙule suke zuwa, a rufe ruf, ba a buɗewa ba a ƙara giris. Kusoshi huɗu ne ke riƙe da shi ta baya, kuma a masu ABS, wato tsarin da ke hana taya kullewa in an taka birki, har na'urar da ke ƙirga juyin taya tana jikinsa. In ya lalace duka ake cirewa a jefar. A nan maganarsa daidai ce. Amma a ƙafar gaba abu biyu ne daban: boris ana danna shi cikin babban ƙarfen da ke riƙe da ƙafar, a sa masa zoben kulle, sannan a danna wuyan hob a cikinsa. Ka koma Golf 3 da ta cika tashoshinmu, ƙafar bayanta wani gini ne na uku: boris biyu ne masu siffar mazurari a cikin gangar birki, ana wanke su a cika da giris a daidaita da noti. Gini uku, amma a bakinmu duk "boris ɗin ƙafa" ne. Mai mota bai san me zai tambaya ba, yaron gareji bai san me zai duba ba.

Saboda haka nake neman suna na Hausa wanda da an faɗe shi za a san ba boris ake nufi ba. Boris dai ban taɓa shi ba. Duk yaron da ya taɓa kwance keke ya san 'ya'yan boris, kalmar ta zama 'yar gida.

Na dawo, kuma na ga sunayen da kuka kawo a amsoshinku. Bari in bi su.

Masu cewa a bar hob yadda yake, tunda mun bar birki da giya da sitiyari, suna da hujja. Amma ku lura da yadda Hausa ta karɓi waɗancan: birki, noti, fulogi, kuloci, lagireto. Kowace sai da aka yi mata wankan gida, aka sa mata wasali a ƙarshe ta zauna a harshe. Hob har yau a tsaye yake a bakin ƙofa da takalminsa. Ga kuma wata matsalar: hob na wannan gefen iyaka ne kawai. Bakaniken Maraɗi ko Damagaram da Faransanci ya koyi sunayen kayan aiki, shi moyeu ya sani, boris kuma ya ce rulma. Direban da ya tashi daga Katsina ya tsallaka ta Jibiya motarsa ta fara gurnani, da shi da mai gyaran duk Hausa suke yi, amma sai sun koma nuni da yatsa.

"Gidan boris" ya fi kowanne samun magoya baya, kuma shi ne na fi ƙi. A Golf 3 ta baya ya yi daidai, don boris a cikin gangar yake kwana. A Corolla ta gaba kuwa hob ne ke shiga cikin boris, ba boris ke shiga cikinsa ba. Gidan boris na gaskiya a can shi ne wancan babban ƙarfen. In muka ba hob wannan suna, mun ƙara wa ruɗanin gishiri.

"Mariƙin taya" da "mazaunin taya" bayani ne, ba suna ba. Babu bakaniken da zai kwanta a ƙarƙashin mota cikin rana ya ce wa yaronsa miƙo mini mazaunin taya. "Uwar taya" ta ba ni dariya, amma wani zai ɗauka rim ake nufi.

"Idon sawun mota" ya burge ni, don tuni muna cewa ƙafar mota, muna cewa haƙoran giya. Sai dai idon sawu lanƙwasa yake yi, ba ya juyawa zagaye. Ya fi dacewa da boljoyin, wato gaɓar ƙarfe mai kan ƙwallo da ƙafar mota ke lanƙwasawa a kanta.

Wata baiwar Allah ta ce ta karanta wa kakarta zaren, tsohuwar ta ce ai wannan gululu ne. Allah ya ƙara wa Inna lafiya, don ta tuna mini abin da na manta. Gululu shi ne dunƙulen yumɓun da ake sa wa mazari don ya yi nauyi ya daɗe yana juyawa a wurin kaɗi. Hoton ya yi kyau ƙwarai: abu mai faɗi, sanda ta ratsa tsakiyarsa. Amma yau matasa nawa ne suka taɓa ganin ana kaɗi? Zan dai riƙe rabin kyautar Inna. Ɗan sandan ƙarfen da ƙafar bayan Golf ke juyawa a kansa, wanda shi ma ba mu da sunansa, mazari ne sak. Wannan na ɗauka.

Wanda na tsaya a kai shi ne cibiya. Cibiyar ƙafa.

Dalilina na farko, abin a tsakiya yake, komai na ƙafar kuma a kansa ya haɗu: taya, faifan birki, shaf, boris. Na biyu, ba mu kaɗai muka kalli ƙarfen nan muka tuna cikin mutum ba. Larabawa surra suke ce masa, surra kuwa cibiya ce. A Jamusanci hob Nabe ne, cibiya Nabel, tushensu ɗaya. Turancin ma kafin hub ya yi ƙarfi yana da tsohuwar kalma nave, 'yar'uwar navel. A Sanskirit, tsohon harshen Indiya, kalma ɗaya ce, nabhi, take ɗauke da ma'anonin biyu. Mutanen da suka daɗe da keken doki duk wuri ɗaya idonsu ya faɗa.

An kawo suka mai ƙarfi, ba zan ɓoye ta ba. Gidajen rediyo sun riga sun ɗora wa cibiya kaya: cibiyar bincike, cibiyar lafiya, cibiyar kasuwanci. Wani ya ce in ya ji "cibiyar ƙafa" asibitin ƙashi zai nufa. Na yarda abin dariya ne, amma da a ce "cibiyar taya" gara hakan, don ita kam shagon faci za ta kai mutum. Kuma kalma a wurinta ake gane ta. Wanda ya ce ƙafarsa ta yi faci a bakin titi, babu mai kai shi wurin ɗori.

Hanyar gane ko kalma za ta rayu ita ce a sa ta aiki. Ga yadda ake gano ciwon da gyaransa, da sabon sunan, ku ji ko ya zauna a baki.

In mota tana gurnani mai bin gudu, ka samu hanya mai kyau wadda babu cunkoso, ka ɗan karkata sitiyari hagu, ka dawo dama. Karkatawa hagu na jefa nauyi a ƙafafun dama, don haka in ƙarar ta ƙaru a lokacin, yawanci ta dama ce mai ciwo. Ka sa giya a furi, in gurnanin bai canza ba, ba inji ba ne. Ƙarar taya mai cin gefe tana canzawa da irin kwalta, ta boris ba ruwanta. Ƙas-ƙas-ƙas a lokacin shan kwana kuwa kan shaf ne, kada a ɗora wa cibiya laifinsa.

Sai a ɗaga motar da jak, a tokare ta da wani abu mai ƙarfi. Ka kama taya sama da ƙasa ka girgiza. In ta yi rawa, ko boris ko cibiya ko boljoyin. In sai ka kama ta gefe da gefe take rawa, duba tayarod, sandar da ke haɗa sitiyari da ƙafa. Dabarar da dattijon nan ya koya mini ta fi duka: ka dafa sifirin da hannu ɗaya, wani ya juya tayar. Boris mai ciwo za ka ji gurzarsa a tafin hannunka tun kafin kunne ya ji. Bayan doguwar tafiya kuma ƙafar da ta fi sauran zafi abar zargi ce, in dai ba birki ne ke kamawa ba.

In an zare cibiya ta gaba, rabin zoben boris na ciki kan maƙale a wuyanta. A cire shi a hankali, don garin yanka shi da injin gurza ake yi wa wuyan rauni. Sannan a duba wuyan da farce kamar yadda aka nuna mini. In ya suɗe ko ya yi tudu, cibiya ta tashi aiki, a sayo sabuwa tare da boris. Wurin mayarwa, injin matsa ake so. Guduma tana sa 'ya'yan boris su yi wa hanyarsu ƙananan ramuka, sabon boris ya fara kuka tun a satin farko, a ce jabu ne. In ana danna boris cikin gidansa, a zoben waje ake dannawa. In ana danna cibiya cikin boris, a tokare zoben ciki ta baya. Babban notin shaf shi ke matse boris daidai, kuma a wannan Corolla awonsa niyuton-mita 216 ne, notunan taya 103. Da sifana mai awo ake ɗaure shi, ba da bututu a hau a yi tsalle ba. A sa sabon noti, a dake leɓensa cikin tsagar shaf don kada ya warware.

Ni dai ban ji inda harshena ya yi tuntuɓe ba. "Cibiya ta cinye." "Cibiyar baya ta hagu." "Canza cibiyoyin duka biyu." Wadda take zuwa a dunƙule irin ta baya kuma sai mu ce cibiya mai boris, ta gaba mu ce cibiya zalla. Babban ƙarfen da boris ke zama a ciki shi ya gaji sunan gidan boris.

Jiya na je kasuwar Ƙofar Ruwa a Kano neman cibiyar baya, don ita ma ta fara 'yar waƙarta. Na ce wa mai shago ina son cibiya mai boris ta Corolla. Ya dube ni, ya dubi yaronsa, ya ce, "Alhaji, cibiya kuma?" Na zagaya yatsa a iska na nuna masa kusoshi biyar. Ya ce, "Au, hob!" Ya juya ya ce wa yaron, yana dariya, "Kai, ɗauko wa Alhaji cibiyarsa, mai wayar ABS."