Neman sawun mata a gidan tarihi da adabi

Wata ɗaliba ce ta kawo kuka a zamanmu: tana bincike kan yadda ake nuna mata a gidajen tarihi da adabin Hausa, amma ta rasa bakin zaren.

Shawarar da aka fi nanatawa ita ce ta fara da kayan da ke gidan tarihi, ta bar dogon bayani tukuna. Ta shiga Gidan Makama a Kano, ta tsaya gaban tukunya, faifai ko ƙwaryar da aka yi wa zane, ta tambayi kanta hannun wa ya yi su. Sau da yawa takobi da sulke na da sunan sarkinsu, amma matar da ta kaɗa zare da mazari ba a ko ambace ta ba. Wannan ya tsaya mini a rai.

An kuma ce lallai ta koyi ajami. Nana Asma'u, 'yar Shehu Usmanu, ta rasu a 1864, ta bar waƙoƙi da Larabci, Fulatanci da Hausa, kuma ta tura malamai mata da ake kira jaji suna karantar da 'yan taru, wato matan da ke taruwa don neman ilimi, a ƙauyuka. Wanda bai iya ajami ba sai abin da mai fassara ya ba shi.

Wata malama ta ja mata kunne kada ta raina littattafan soyayya na Kano. A cikinsu mata suka yi maganar auren dole da kishiya da bakinsu. Ta tattara tsofaffin kafin takardarsu ta ruɓe. In za ta naɗi muryar tsofaffi a cikin gida, ta nemi izininsu tukuna.