Tseren keke sana'a ce da za ta riƙe mutum?

Mai Faci, Ringim: Salamu alaikum jama'a. Gyaran keke nake yi a bakin kasuwa. Ƙanina ya kalli wani fim a waya kan 'yan tseren keke na Ruwanda, tun ranar ya hana mu sakat. Ana idar da sallar asuba zai figi tsohuwar Phoenix ɗin Baba ya nausa hanyar Taura, ya dawo kaca ta zame, birki ya saki, ni ne da gyara kyauta. Wai Adrien zai zama. Wane ne shi? Kuma ana cin abinci da harkar nan?

Malamin Firamare, Gumel: Wa alaikumus salam. Adrien Niyonshuti yake nufi, haifaffen 1987, Musulmi ne ma. A kisan kiyashin 1994 aka kashe masa 'yan'uwa maza shida. Kocin da ya horar da 'yan tseren Ruwanda, Jock Boyer, shi ne Ba'amurke na farko da ya shiga babbar gasar tseren keke ta Faransa, Tour de France, a 1981. Adrien ya riƙe tutar Ruwanda a gasar Olamfik ta Landan a 2012, ya yi tseren keken hawan duwatsu. Ya kuma yi wa wata ƙungiyar Afirka ta Kudu tsere, ya buɗe makarantar koya wa yara a garinsu Rwamagana. Ni dai ka bar yaron, ya fi zaman majalisa.

Ɗan Hadeja: Malam, ka faɗi zaƙin ka bar ɗacin. A Tour de France mutum takwas ne a ƙungiya, galibi ɗaya ake yi wa bauta. Sauran aikinsu tare masa iska da komawa mota ɗauko gorunan ruwa, in tayarsa ta fashe su ba shi tasu. Zango 21, kusan kilomita 3,500, ga faɗuwa kwalta ta saɓule fata, gobe a sake hawa. Kekensu nauyinsa bai wuce kilo bakwai da ɗoriya ba. Phoenix fa? Don dakon buhun gero aka yi ta. Kada ya saki makaranta.

Inna, Taura: Ashe ɗanku ne yake wuce mu kamar an koro shi! Ku saya masa hular kwano don Allah, manyan motocin nan ba sa kauce wa kowa.

Mai Faci, Ringim: Na gode. Inna, hula kam za a saya ranar kasuwa. Ɗan Hadeja, nawa ake samun kwancen keken tsere mai giya a Kano yanzu?