Mai jego tana kumburi, Goggo ta ce a ƙara wuta a ruwan wanka

Salamu alaikum 'yan uwa. Ƙanwata ta zo wankan gida, mako uku ke nan da haihuwarta ta fari. Ƙafafunta sun kumbura, tana tari da dare, ba ta iya kwanciya sai an jera mata filo uku. Goggonmu da ke mata wankan ta ce sanyi ne ya shige ta, sai a ƙara zafin ruwa a kuma ƙara kanwa a kunu. Ya zan yi ba tare da na ci fuskar Goggo ba?

Amsar wata ungozomar asibiti: Wa alaikumus salam, 'yar uwa. Ki kai ta asibiti yau, kada a jira arba'in. Danna ƙaurinta da yatsa na daƙiƙa 5. In ramin ya zauna, ruwa ne ya taru. Haki in an kwanta da tarin dare alama ce ruwan ya kai huhu. A auna hawan jininta, 140/90 ko sama ba na wasa ba ne, sannan ku nemi hoton zuciya, wato eko. Kada ku sayi maganin sa fitsari a kemis da kanku.

Amsar wani likitan zuciya: Akwai raunin zuciya da ke kama mace daga ƙarshen ciki zuwa watannin farko bayan haihuwa. A eko ake gane shi, idan jinin da zuciya ke turawa a kowane bugu ya gaza kashi 45 cikin 100 na jinin da ke cikinta. Tun shekarun 1970 likitocin Zariya suka rubuta yawansa a ƙasar Hausa, suka zargi wankan jego da kunun kanwa. Binciken baya-bayan nan a Kano ya fi karkata ga hawan jinin ciki, rashin abinci mai gina jiki da ƙarancin sinadarin seleniyom. Ko ma mene ne sanadin, zuciyar da ta raunana kanwa na cutar ta. Kanwa sodiyom ce kamar gishiri, tana riƙe ruwa a jiki, zafi mai tsanani kuma yana sa zuciya gudu. A dakatar da kanwa, a rage dunƙule, gishiri kada ya kai ƙaramin cokali ɗaya a yini. Wani cikin kuma sai eko ta nuna zuciyar ta farfaɗo.

Amsar wata Anti mai nazarin al'adu: Ƙanwata, kada ki ce wa Goggo camfi ne, nan take za ta toshe kunne. A wurinta haihuwa na barin jiki ɗanye, sanyi ne abin tsoro, kumburi kuma shaida ce cewa wanka bai ratsa ba. Shi ya sa kullum ciwon ya ƙaru take ƙara wuta da kanwa, kuma da zuciya ɗaya take yi. Ga kunyar haihuwar fari, yarinyar ba za ta ce ta gaji ba. Ki tafi da Goggo asibitin ta ji daga bakin likita. Ki bar mata wankanta da ganyenta, amma ruwan ya zama wanda gwiwar hannu za ta iya jurewa. Don nono a dama kunun gyaɗa ko na tsamiya. Ki kira mijin yanzu, don kada batun izini da kuɗin mota ya riƙe ku har dare.