Dila ya ciji karen gonarmu

Manomin Rigachikun: Salamu alaikum. Jiya da asuba dila ya shigo gonarmu, ko gudun mutane bai yi ba, yawu na dalala, ya ciji karenmu a kunne. Dila ma yana ɗaukar ciwon haukan kare ne?

Maman Hafsa, Kawo: Ƙwarai kuwa, Malam. Ɗaure karen, a kira likitan dabbobi yau ɗin nan, kada yara su matsa kusa. Duk wanda yawun ya taɓa masa rauni ya wanke da sabulu minti 15, ya garzaya asibiti.

Baban Tudun Wada: A ƙasar Suwizalan tun 1978 suka riƙa cusa rigakafi cikin kawunan kaji suna watsa wa yanyawa a daji, har cutar ta kau. Mu nan yawanci karnuka ke yaɗa ta, su za a yi wa allura.

Manomin Rigachikun: Na ɗaure shi, Hajiya. Allah ya saka da alheri.